Amsar da Genzo Bai Bayar Ba

A wancan zamani mutanen cikin majigi ba sa magana, Genzo ke tsayawa gefen allo yana ara musu baki, maza da mata. Mitsue, mai kaɗa molo a gefensa, gobe take barin unguwarsu, Asakusa.

A allo wani gaula ya durƙusa gaban budurwa, wandonsa na zamewa. Dariya ta ɓarke.

"Ki zauna, ki aure ni," in ji Genzo da muryar gaulan, idonsa kan Mitsue.

Budurwar allo ta motsa leɓe, Genzo bai ara mata baki ba.

"Kai da ke amsa wa kowace mace, yau ka rasa baki?" Mitsue ta raɗa masa.

"Wannan amsar ba tawa ba ce."

Har majigi ya ƙare yatsunta na kan tsirkiya, sun ƙi kaɗa waƙar sallama.