Hankicin da Ba Shi da Lamba

Ku zauna duka. Kai babba, ajiye wayar nan. Labari zan ba ku, kada wanda ya katse ni sai na kai aya.

A bayan wani gidan wanki da guga akwai ɗaki mai taga ɗaya, inda mata bakwai ke haɗuwa bayan an shanya kayan safe. 'Yan Baƙin Zare ake kiran ƙungiyar, amma ba wanda ya san su waye a cikinta. Abin da gari ya sani shi ne, in kana da tambaya a ranka, ka ƙulle gefen rigarka ka kai wanki. Ran da ka karɓo, ka duba cikin wuya, za ka ga alama da baƙin zare. Zobe haihuwa ne. Tsani ɗaukaka. Layi biyu da suka raba hanya, rabuwa. Fitila a kife kuwa mutuwa ce, ka yi sallama da naka. Mutane suna cewa aljanu ke ɗinkawa, matan kuma ba su taɓa ƙaryatawa ba.

Aljanun nasu aljihu ne da tabo. Sukan ga ƙugun siket da aka saki, da wasiƙar da aka manta, da turaren da ba na matar gida ba. A cikinsu ba wadda ta kai mai guga ido, kuma ta san da haka, har ya hau mata kai. Aiki ya yi mata yawa, ga yara ƙanana, ga miji mai jigilar gawayi wanda ba ya magana sai an tambaye shi, ita kuwa ba ta da lokacin tambaya. Wankin gidanta ma a ɓoye take cusa shi cikin na mutane, don ta huta da wanki biyu.

Wata Talata kayan wani mai gyaran agogo suka zo da ƙulli. Saurayi ne mai fara'a, saura wata biyu aurensa, kowa ya san abin da yake tambaya. Da mai guga ta ware kayan, sai ga farin hankici a tsakiya, da tabon jini wanda sabulu bai fitar ba. Ta san irin jinin: na ƙirji ne, ba na yanka ba.

Babbarsu ta juya hankicin ta ce ba ta ga lambar mai kaya a jikinsa ba, ai kowane kayan abokin ciniki da lambarsa. Ta tuna musu doka: ba a ɗinka fitila a kan shaida ɗaya. Mai guga ta ce lamba zare ce, zare kuma yana warwarewa a ruwa. Ta ɗaga wandonsa ta nuna inda tela ya rage ƙugu, ga shaida ta biyu.

"Haba, angwaye da yawa suna ramewa saboda zirga-zirga," in ji babbar.

"Na taɓa kuskure?" in ji mai guga.

Da hannunta ta ɗinka fitilar, ta goge rigar har tana ƙyalli.

Mai agogo bai yi gardama ba. Ya je gidan su yarinyar ya ce ya fasa, bai faɗi dalili ba, don bai so ta zama matar mamaci tun ba ta gama jera ɗaki ba. Aka zage shi, ya haɗiye. Ya mayar wa kowa agogonsa, ya rufe shago, ya zauna jira.

Bayan wata bakwai, mai guga tana kwashe wani akwati sai ta ga hankici biyar a ƙasa, an naɗe su cikin jarida. Farare, ɗinki iri ɗaya da wancan, kowanne da tabonsa, na baya ya fi na gaba girma. Rabin dozin ake sayar da su. Ta ƙirga sau uku.

Ta je wa babbar da gudu, ta ce a warware. Babbar ta ce ba a janye alama. In an janye ɗaya, duka sun faɗi, kuma mata bakwai za su rasa wurin sa kai a garin. Mai guga ta yi shiru. Kada ku ce tilasta ta aka yi, tsoro ta ji, kuma shirun ya yi mata sauƙi.

Shekara ta wuce mai agogo bai mutu ba. Ya ce jinkiri aka yi masa. Ya sake buɗe shago, amma bai ƙara neman aure ba, bai sayi fili ba, ko itace bai dasa ba. Kullum mai guga na aika masa da abinci, yana sa mata albarka, yana gyara wa yaranta agogon makaranta kyauta, su kuma suna kiransa Kawu. Shekara talatin da ɗaya ke nan. Sauran shidan duk sun rasu.

Jiya ya tare ta a ƙofar shago, yana murmushi da bakin da ba haƙora. Ya ce, "Yaya, da zan san wanda ya ɗinka min fitilar nan, da na gode masa. Ya hana ni cutar 'yar mutane."

Na ga kun daina kallon juna, kun gane Kawun, kun gane mai gugar. To ku yanke min hukunci yau, in gaya masa ko in tafi da sirrin kabari, amma ku yanke kuna sane da sauran: wankin gida ne kaɗai ba a sa wa lamba, kuma akwatin nan na ubanku ne, kwana uku da binne shi na buɗe.