Miyar Kifin Eliyamma

Kuriyakos ya dire ta tagar masauki da zanensa a naɗe, ya tari motar Pala, garinsu.

Moidu Haji, mai zuba kuɗi a fim ɗin da Kuriyakos ke rubutawa, shi ya kulle shi a ɗakin, kamar yadda ake yi wa marubuta a Koci, can kudancin Indiya: ga takarda, ga baƙin shayi, sai ka gama ka fito. Labari ya kammala, saura jawabin ƙarshe, inda jarumi ke wanke mugu tas. Da irin wannan jawabi Kuriyakos ya yi suna, har a ɗakunan leburorin Sharja haddace shi ake yi. Wannan karon ko layi ɗaya babu. Haji kuwa ya rantse in gari ya waye jarumi bai sami abin faɗa ba, wani sabon marubuci zai ɗauko daga Tirissur.

Ya shiga gida da takalmi, taɓo har tsakar falo. Matarsa Eliyamma ta dubi sawun, ta yi murmushi.

"Sannu da hanya, Icaya, maigidana. Bari in goge."

Gabansa ya faɗi. Ashe bayan tafiyarsa ta je zaman addu'a na coci, ta dawo da alkawarin ba za ta ƙara ɗaga murya ba.

Ya goge hannu da labule. Ta sa masa albarka. Ya saki akuya cikin shukar barkononta. Ta ce ita ma halittar Ubangiji ce.

Da ta kawo rogo da jar miyar kifi, ya ɗanɗana, ya ture kwanon.

"Ta Sosamma maƙwabciya ta fi daɗi."

Ludayi ya faɗi ƙasa.

"Ta wa? Kai, tsohuwar kwakwar da ko hankaka ya raina! Ranar da ake rabon kunya kana bayan gari kana shan bammi! Gashin bakin nan ma aro ne, mayar wa mai shi!"

Har miya ta huce tana yi. Kuriyakos na tsaye, kai a sunkuye, leɓɓansa na motsi. Sosamma ta leƙo ta katanga, ta ce bawan Allah, addu'a yake.

Fim ya fito a bikin girbi na Onam. Eliyamma ba ta taɓa taka gidan sinima ba, amma Fadan cocinsu ya ce mace ta riƙa ƙarfafa mijinta, don haka ta bi shi. Jarumi ya naɗe zane, ya shaƙo mugu: "Kai, tsohuwar kwakwar da ko hankaka ya raina!" Ɗaki ya kaure da fito, ana watsa guntayen takarda sama.

Eliyamma ta juyo a hankali, ta ja dogon numfashi.

Kuriyakos ya sunkuyar da kai, leɓɓansa a shirye. Shekara da shekaru haka yake haddace faɗanta kalma-kalma yana sa wa jarumai a baki, ga shi kuma Haji ya riga ya ba shi fim na gaba.