Da Me Ka Yi Karo?

"Direba, don girman Allah, da me ka yi karo?"

Ma'aikaciyar da ke shigar da bayanan majinyata a asibitin Gwarzo ta tsaya a kansa, haƙurinta ya kusa ƙarewa. Kowane rauni da lambarsa a kwamfuta, kuma ta direban bas ba ta samuwa sai an faɗi abin da ya buga, a kan kwalta ne ko a daji. In babu lambar, takardar tura shi Kano ba za ta fita ba, ga karyayyiyar ƙafarsa sai kumbura take yi.

"Ƙaddara ce, Hajiya," ya ce yana cije leɓe.

"Na yarda, amma kwamfuta ba ta da lambar ƙaddara. Tirela ce?"

"A'a."

"Saniya?"

Ya juyar da fuskarsa bango. Tun safe abin da ta iya tatsa daga bakinsa shi ne ya taso daga Kabo, ya ratse ta hanyar gona saboda ruwa ya cinye titi.

Ta ja tsaki, ta juya za ta fita. Sai matarsa da ke zaune a bakin ƙofa ta riƙo gefen mayafinta, ta yi ƙasa da murya.

"Yaya, tarakta ce. Ko ƙafar za a yanke ba zai faɗa ba." Ta nuna gadon kusa da nasa da ido, inda wani dattijo mai bandeji a goshi ya kasa kunne. "Babana ne yake tuƙa ta."