Yanar Kan Aduwa

Jinin ya ƙi tsayawa. An ɗaure ƙafar magidancin da rawani, an danna toka, sai ƙara ɓulɓulowa yake.

"Inna, ga yanar gizo na kwaso a rumbu," in ji matarsa.

Uwarsa makauniya ce, amma ita ke ɗaure raunin kowa a ƙauyen. Ta murza yanar a yatsu, ta yar.

"Wagga ƙura ce! Gizo ba ɗaya ba ne, ɗiyata. Akwai tautau, akwai na rumbu. Wanda nike so mai rawayan ciki ne, mai saƙa zagaye kamar faifai, zarensa da danƙo. Daga nan har Birnin Lalle, aduwa guda na san yana zama, ta bakin rijiya. Tahi da gudu!"

Matar ba ta motsa ba. Mazan da suka ɗauko shi suka sunkuyar da kai. Tun da aka ji labarin mahara, kowa ke saran ƙaya don a kewaye gari.

"Kin kurumce ne? Ɗana na mutuwa kina tsaye!"

Ya lalubo hannun uwarsa, muryarsa ƙasa-ƙasa. "Ƙyale ta, Inna. Aduwar nike sara gatarin ya goce. Ta faɗi, an janye rassan."

Tsohuwar ta sunkuyo gare shi. Ta kai hannu tana shafa kansa kamar ranar da ta haife shi. Sai wani abu ya manne mata a yatsa: zare guda mai danƙo, wanda bai isa ya ɗaure ƙafar fara ba.