Kuregen Kurmin Bayan Gari

Tarko na ashirin ma wayam. Malama ta durƙusa ta leƙa ciki, gyaɗar tana nan yadda ta zuba ta.

Shekara shida ke nan tana ƙidayar kurege mai jan ciki a kurmin bayan gari. Ta kama, ta auna, ta maƙala 'yar lambar ƙarfe a kunne, ta saki. Ƙa'idar ma'aikatarsu ba ta da kwana-kwana: muddin irin nan yana zaune a kurmin, ba mai sare ko reshe. Ranar da aka neme shi aka rasa, masu ginin gidaje za su shigo da katafila. Jibi kuma za ta miƙa rahoto.

Ba ta taɓa shan wuyar aikin nan ba. Takan sanar da Baba Maigadin kurmin ranar zuwanta, ta iske kekensa ya riga ta isa, tarkuna cike da kurege ɓul-ɓul, masu ladabi kamar 'yan makaranta, ko cizo ba sa yi. Bana Baba yana kwance a asibiti, kurmin ya yi tsit.

Yau kwana uku ke nan tana zagaye. Ta haɗa gyaɗa da dabino, ta leƙa kogon kowace bishiya, ƙaya ta yayyage mata hannu. Ko sawu ba ta gani ba. Ogansu ya kira ta a waya.

"Malama, ɗaya tak nake so ki nuna min. In babu, wallahi ba yadda zan yi, sai na sa musu hannu."

Ta zauna a kan kututture ta yi kuka har da majina, ita da ake wa kallon mai taurin zuciya. Tsoro ne ya kama ta sosai. Baba kaɗai ya san maɓoyar kuregen. Ta garzaya asibiti, aka ce tun jiya ba ya gane kowa. Sai ta nufi gidansa, ko matarsa ta taɓa jin wani abu.

"Inna, don girman Allah, Baba bai taɓa gaya miki inda kuregen nan suke ɓuya ba?"

Tsohuwar ta ƙare mata kallo. "Au, ke ce mai ƙidayar? Gara da Allah ya kawo ki, 'yar nan. Ni gwiwata ta gaji da shara."

Ta ja ta zuwa ɗakin baya, ta tura ƙofa. Keji ne bisa keji har rufi, ƙananan idanu suna ƙyalli, kowane kunne ɗauke da lambar Malama.

"Ai kurmin nan rabonsa da kurege tun gobarar da aka yi kafin a kawo ki," in ji Inna. "Shi yake kai miki su da sassafe, kina juya baya ya yi musu fito su dawo cikin buhu."