Kurɓa Ɗaya a Gonar Inabi

Hayaƙin gobarar daji ya rufe tafkin Okanagan, har jagorar yawon buɗe ido ta gaji da nuna wa fasinjojin motarta abin da ba ya ganuwa. A gona ta uku aka jera musu kofunan giyar inabi da ɗan bokiti: ka kurɓa, ka ji ɗanɗano, ka tofar.

Lorna ba ta taɓa nata ba. Wendell take kallo. Wata goma sha huɗu ke nan rabonsa da giya, kuma a kan wannan sharaɗin ta yarda a yi maganar aure. Shi ya nace su zo, wai ta gani da idonta cewa ya fi ƙarfin giya.

Ya kurɓa. Maƙoshinsa ya motsa.

"Ka haɗiye," ta ce.

"Haba masoyiya, ko cokali bai kai ba."

Ya yi 'yar dariya, ya kasa haɗa ido da ita. Sai ya zaro zobe ya durƙusa, kamar hakan zai rufe zancen. Sauran fasinjoji suka ɗaga wayoyi, wata tsohuwa har da tafi.

"Lorna, na rantse miki..."

"Tashi, wandonka zai ɓaci." A hankali ta yi maganar. "Rantsuwa na ƙoshi da ita tun a gidanmu. Babana ma da cokali ɗaya yake komawa shan giya."

Ta koma mota ta zauna kusa da direba. Ta taga ta hango shi tsaye, zobe a hannu ɗaya, ɗayan yana miƙa kofi a ƙara masa.