Kalmomin Aro

Mai kwalliya tana manna wa wani ɗan wasa tabon roba a kumatu, a ɗakin da ake tara kayan fim. Shekara tara ke nan tana yi masa wannan fuskar. Shi ne mugun da ake kashewa kafin ƙarshe, a irin finafinan da ake gamawa cikin kwana biyar.

Ya dube ta ta madubi, ya ce ba gargada, "Ki aure ni, in mayar da duniya shimfiɗar ƙafarki."

Hannunta ya tsaya.

"Wannan maganar ka faɗa wa matar attajiri a fim ɗin bara, kafin ka shaƙe ta," ta ce. "Ina tsaye a gefe da auduga. Sau shida aka ɗauka."

"Ni dai..."

"Ni za ka kawo wa kalmomin aro, Malam? Manema biyu na kora ina jiran ka buɗe baki, sai ka buɗe da bakin marubuci?" Ta yi jifa da audugar. "Ka faɗa da naka, ko gobe ka nemi wadda za ta shafa maka jini."

Ya sunkuyar da kai. Kowa a wurin ya san abin da ya haddace ne kawai ke fita masa ba i'ina.

"I-i-ina... ina s-s..."

Darakta ya buga ƙofa. "Ku fito da shi ya mutu, rana na tafiya."

"Ka jira," ta ce a fusace, idonta na kan madubin. "Bai gama magana ba."